Tambayi Bakanike: Filtar Mai da Dattin da Take Tarewa

Wasiƙun da suka taru a wannan karon kusan duk a kan abu ɗaya suke, wato filtar mai, wannan 'yar gwangwanin da ke tsakanin tanki da inji wadda yawancin masu mota ba su taɓa ɗora ido a kanta ba. Na zaɓi biyar daga ciki, na taƙaita tambayoyin don amsa ta samu wuri.

TAMBAYA: Oga, ni direban haya ne, motata mai nozul ce. Wata biyu ke nan tana ba ni wahala. Da safe takan tashi lafiya, sulo ɗinta kalau, a cikin gari ma ba ta da laifi. Amma da na cika ta da fasinja na kama hawa, ko na taka totur zan wuce babbar mota, sai ta riƙa fizga tana shaƙewa kamar za ta mutu. Na sauya fulogi, an wanke nozul, ba ta daina ba. Yanzu an ce famfon mai ne, in sayi sabo. In saya?

AMSA: Ƙanena, riƙe kuɗinka tukuna. A duk abubuwan da ka lissafa ban ji ka ambaci filta ba, alhali yadda ka kwatanta ciwon nan, ita ce ta farko da zan tuhuma.

Ga dalili. Lokacin da mota take sulo, wato inji na aiki ba a taka totur ba, ɗan mai kaɗan take sha, ko filta ta toshe fiye da rabi abin da ke ratsawa ya ishe ta. Da ka ɗora mata kaya ka fuskanci tudu, buƙatarta takan ninka sau da yawa a lokaci guda. Famfo yana can cikin tanki yana turowa, nozul masu fesa wa inji mai suna nan suna jira, amma hanyar da ke tsakaninsu ta ƙuntace. Sai matsin mai ya faɗi, iska ta fi mai yawa a cikin silinda, wuta ta riƙa kamawa tana saki. Wannan fizgar da kake ji ke nan. Kana sassauta ƙafa buƙata ta ragu, sai ta dawo kamar ba ita ba. Shi ya sa ciwon yake ruɗa mutane: a gareji, inda motar take tsaye ba kaya, lafiyarta ƙalau.

Motar kafireto irin ta da tana aiki da matsi ɗan kaɗan, bai kai rabin bar ɗaya ba (bar ma'aunin matsi ne). Irin taka mai nozul kuwa tana buƙatar kimanin bar 3 zuwa 4, kuma tana so ya tsaya daram ko da wane irin gudu ake yi. Ramukan da ke bakin nozul ƙanana ne ainun, don haka ake yin filtar ta tare duk abin da ya kai kimanin maikiron 10. In ka san kaurin gashin kan mutum yana wajen maikiron 70, za ka gane cewa abin da take kamawa ido ba ya ganinsa ɗaya ɗaya. Sai ya taru.

Abin da nake so a yi maka shi ne awo. Akwai geji na auna matsin mai, ana ɗaura shi a kan layin da ke shiga nozul. A duba abin da allurar ta nuna da an murɗa makulli kafin a tayar, a duba a sulo, sannan a taka totur da ƙarfi a gani. In allura ta tsaya daidai a sulo amma ta zube da an taka, mai ne ba ya isowa, kuma mai laifin ko filta ce, ko 'yar ragar da ke gindin famfo, ko famfon kansa. A fara da filta, domin ita ce mafi sauƙin kai hannu, kuma in ta daɗe ba a taɓa ta ba dama lokacinta ya yi. A sa sabuwa a sake awo. In matsi ya dawo, an gama. In bai dawo ba, a nan ne maganar famfo ta taso. In akwai na'urar da ke karanta kwamfutar mota, a jona a gani. Lambar P0171 tana nufin iska ta rinjayi mai, P0087 kuma tana nufin matsin mai ya yi ƙasa. Lambobin suna nuna inda za a leƙa ne kawai, domin iskar da ke ɓarauniyar shiga ta tsagaggen tiyo ma takan kawo ta farkon.

Akwai wani abin da ke damuna da shawarar da aka ba ka. Sau da yawa famfo yakan mutu ne saboda filta. Famfon lantarki ne, in yana turi gaba ta ƙi buɗewa sai ya riƙa jan wuta fiye da ƙa'ida, ya yi zafi, ya fara wannan kukan siririn da ake ji daga wajen kujerar baya. Ka sa sabon famfo ka bar tsohuwar filta, shi ma hanyar da na farko ya bi zai bi. Don haka ko awo ya tabbatar famfon ne, a sauya su tare.

In an cire tsohuwar, kada ka bari a jefar. Ka samu farin tsumma, ka juya bakin da mai ke shiga ƙasa, ka ƙwanƙwasa ta a hankali. Ni nakan bar ta kwana biyu ta bushe sarai, sannan in yanka ta da abin yankan bututu, in zaro takardar da ke ciki. Takarda ce mai ninki ninki, sabuwarta ruwan ƙwai ce mai haske. Akwai wata da na buɗe wadda mai ita ya rantse ba a taɓa sauyawa ba tun da ya sayi motar. Ninkin duk sun manne, na sa babban yatsa na shafa, ya fito da jan gari mai laushi kamar an daka bulo. Tsatsa ce daga cikin tankin ƙarfe. Na nuna masa, na ce sabuwar da muka sa ba za ta kai wata uku ba in ba a sauke tanki an wanke ba. In ka ga ja, tsatsa ce. In ka ga baƙi mai danƙo, ko tiyon roba ne ke ruɓewa daga ciki ko mai ne ya daɗe ya lalace. In yashi ne, ta bakin tanki ko ta jarka ya shigo. In kuma ɗigon ruwa ya taru a kan tsumman ya ƙi haɗuwa da fetur, ka yi tunanin inda kake shan mai.

TAMBAYA: Ni malamar makaranta ce, ina da Toyota Corolla ta 2006. Na ce wa mai yi mini sabis ya sauya filtar mai, sai ya ce wai motar ba ta da ita. Ko dai ƙyuya yake ji?

AMSA: Malama, rabin gaskiya ya faɗa miki. Tana da filta, amma ba a waje take ba. A tsofaffin motoci filtar takan zauna a ƙarƙashin mota kusa da tanki, kamar yadda take a Golf 3, ko a cikin bonet jikin bangon da ya raba inji da mazaunin direba. Daga ƙarshen shekarun 1990 kamfanoni da yawa suka koma tsarin da mai ba ya komawa tanki bayan ya je inji, suka haɗa famfo da filta da abin daidaita matsi da awon mai wuri guda, suka zura cikin tanki. Irin taki haka take. Ana isa gare ta ne ta ƙarƙashin kujerar baya, akwai murfi a wurin.

Irin wannan filtar babba ce, an yi ta don ta daɗe, kuma ba ta cikin abubuwan da ake sauyawa a kowane sabis. In motarki tana tashi da wuri, tana ja lafiya a hawa, babu kukan famfo, ki bar ta. Amma kalmar nan da ake yawan faɗa cewa ta har abada ce, da sharaɗin mai mai tsabta aka faɗe ta, kuma motar da aka ƙera a 2006 ta sha tanki ɗaruruwa. Ranar da wani dalili ya sa aka buɗe tankin, ki sa a sauya filtar da ragar gindin famfo da robar da ke rufe bakin. Robar nan mutane suna raina ta. In aka mayar da tsohuwa wadda ta kumbura, za ki riƙa jin warin fetur a cikin mota duk ranar da kika cika tanki.

TAMBAYA: Baba, ni ɗalibi ne, mahaifina ya bar mini tsohuwar motarsa. Na ga filtar a ƙarƙashi kusa da tayar baya. Zan iya sauyawa da kaina?

AMSA: Za ka iya, ɗana, aikin bai fi na rabin sa'a ba. Sai dai ina so ka karanta wannan amsar sau biyu kafin ka ɗauki sifana, domin fetur ba ya yafe ganganci.

Ko an kashe mota, man da ke cikin layin yana nan a matse. Ka kwance noti haka kawai, zai feso maka a fuska. Saboda haka ka fara da sauke matsin. Ka buɗe akwatin fiyus, a bayan murfinsa akwai zanen da ke nuna na famfon mai. Ka zare shi, ka tayar da mota ka bar ta har ta mutu da kanta, ka ƙara murɗawa sau ɗaya ko biyu. Ka buɗe murfin tanki iska ta fita. Sannan ka cire baƙar wayar batir, wadda ke kan alamar debewa. Inji ya zama ya huce, salansa ma haka. Ka yi aikin a fili inda iska ke kaɗawa, kuma in za ka shiga ƙarƙashi kada ka dogara da jak kaɗai, ka sa matokaran ƙarfe, ka sa wa tayoyi waigi.

Maganar fili ba don ado na faɗe ta ba. Tururin fetur ya fi iska nauyi, ƙasa yake bi, ya kwanta a rami ko lungu, kuma ko a sanyin da ya kai digiri 40 ƙasa da sifiri yana iya kamawa. Shekarun baya ina da yaro a shago, mai hankali ne, hannunsa yana da kyau. Ya shiga ramin gyara yana kwance filta, man da ya zuba bai fi cikin kofi ba. Ya ga duhu, ya jawo ƙwan lantarki mai dogon waya, ƙwan ya bugi ƙarfe ya fashe. Ina tsaye a bakin ramin na ga wuta shuɗiya ta bi ƙasan ramin daga wannan ƙarshe zuwa wancan kafin in buɗe baki. Allah ya kiyaye muka fizgo shi, amma bayan hannunsa na dama har yau fatar tana sheƙi. Tun ranar ba a kwance layin fetur a ramina, kuma ba a kusantar wurin da taba ko injin walda ko wata fitila sai mai batir a rufe.

Kafin ka cire komai, ka dubi tsohuwar da kyau. A jikinta akwai kibiya. Kibiyar tana nuna inda mai ya nufa, daga tanki zuwa inji, kuma sabuwar dole ta fuskanci inda tsohuwar ta fuskanta. Ka ɗauki hoto da wayarka kafin ka fara. In aka juya ta baibai, mai yana tura takardar ta ɓangaren da ba a ƙarfafa ba, tana iya lanƙwashewa ko ta yage.

Mahaɗin kala uku ne. Akwai na tiyo da maɗaurin ƙarfe, wannan mai sauƙi ne. Akwai na roba mai 'yan kunnuwa da ake matsawa a ja. Roba ce da ta sha zafi shekara da shekaru, ka lallaɓa ta, in ta karye ka sayi sabuwa, kada ka ɗaure da waya. Akwai kuma na noti mai rami a tsakiya wanda ke da zobban jan ƙarfe biyu, ɗaya sama ɗaya ƙasa. A wannan ka riƙe jikin filtar da sifana ɗaya, ka kwance da ɗaya, in ba haka ba bututun ne zai murɗe. Zobban nan sau ɗaya suke aiki, domin matsewar da suka yi ta farko ita ce ke toshe yoyo. Ka sa sabbi. Ka ajiye kwano a ƙasa, ka naɗe mahaɗin da tsumma yayin da kake sassautawa, ka sa tabarau.

Da ka gama, ka mayar da fiyus da wayar batir. Ka murɗa makulli zuwa inda fitilun allon gaban direba suke kamawa ba tare da ka tayar ba. Za ka ji famfo ya yi ɗan gurnani na daƙiƙa biyu ko uku ya tsaya. Ka kashe, ka sake, sau uku ko huɗu, don filtar ta cika. Ka leƙa ƙasa, ka shafa kowane mahaɗi da busasshen yatsa. In ya fito da danshi, aiki bai ƙare ba. In ya fito a bushe, ka tayar, ka sake shafawa tana aiki, gobe da safe ma ka duba ƙasan inda ta kwana.

TAMBAYA: Bakanikena yakan wanke filtar da fetur ya hura ta da iskar kwamfuresa ya mayar. Wata rana da ta toshe mana a hanya ma cire ta ya yi ya haɗa tiyo kai tsaye, motar kuwa ta tashi garau. Akwai illa?

AMSA: Akwai, Alhaji, kuma ina roƙonka ka hana shi. Ragar ƙarfe ko ta roba, irin ta gindin famfo ko ta wasu tsofaffin motocin kafireto, ana iya wanke ta. Filtar takarda ba ta wankuwa. Dattin ya shige cikin zaren takardar ne, fetur ba ya fito da shi. Iskar kwamfuresa kuwa huda takardar take yi. Bayan an hura za ka ga iska tana wucewa salin alin, a ce maka ta buɗe. Ta buɗe ɗin, amma ta inda ta yage, kuma dattin da ta tara shekara biyu yanzu ya samu ƙofa zuwa nozul.

Haɗa tiyo kai tsaye ya fi wannan muni. Filtar da ta toshe a hanya shaida ce cewa akwai datti a tankinka a wannan lokacin, sai kuma a cire abin da ke tare shi. Na san halin da mutum yake shiga in dare ya yi masa a daji da iyali a mota, ba zan zargi wanda ya yi haka don ya kai inda mutane suke ba. Amma washegari a sa sabuwa, kada a ce ai tana tafiya. Mai yawan doguwar tafiya da tsohuwar mota ya ajiye sabuwar filta ɗaya a but tare da sifanun da suka dace da ita. Kuma a sayi wadda lambarta ta dace da motar. 'Yar filtar robar nan mai haske ta kafireto ba za ta ɗauki matsin motar nozul ba, fashewa za ta yi, a kusa da inji mai zafi.

Game da lokacin sauyawa da ka tambaya a ƙarshen wasiƙarka, littafin motarka shi ne alƙali. In ya ɓata, ni ina sauya ta waje a motar fetur tsakanin kilomita 30,000 zuwa 40,000, ina rage wa in motar tana shan mai daga jarka ko tana yawan bin ƙura. Ka rubuta kilomitar da kwanan wata a jikin sabuwar da alƙalamin fenti.

TAMBAYA: Ina tuƙa Hilux mai shan dizal. Wata fitila mai kama da filta da ɗigo a ƙasanta ta kama a gaban mota. Abokina ya ce in share, waya ce ta taɓa.

AMSA: Kada ka share, Malam. Fitilar nan tana gaya maka ruwa ya taru a gindin filta. Ruwa ya fi dizal nauyi, don haka aka yi filtar dizal da ɗan kwano a ƙasa inda yake kwanciya, da wani abu mai iyo da ke kunna fitila in ya kai iyaka. Ruwan yana zuwa daga man da aka saya, yana kuma zuwa daga raɓar da ke taruwa a cikin tankin da ba a cika ba. In ya wuce kwanon ya shiga famfo, aika-aika ta faru, domin dizal ɗin da kansa shi ne man da ke sa sassan famfo da nozul su yi santsi. Ruwa ba ya yin wannan aikin, tsatsa yake kawowa.

Ka tsaya, ka kashe inji, ka sa kwalba mai haske a ƙarƙashin filtar. A gindinta akwai abin murɗawa na roba, ka sassauta shi kaɗan da hannu. A saman filtar akwai ɗan famfon hannu, ka riƙa danna shi. Ruwa zai fara fitowa, za ka gan shi ya kwanta a ƙasan kwalba, layi ya raba shi da man. Da ka ga dizal zalla, ka ɗaure da hannu, ban da filaya, ka ci gaba da dannawa har famfon ya yi tauri. In fitilar ta sake kamawa cikin 'yan kwanaki, tankin ne ke da ruwa. In kuma ka ga wani baƙin abu mai yauƙi, ƙananan halittu ne da ke rayuwa a inda ruwa da dizal suka haɗu, kuma suna iya toshe sabuwar filta cikin ɗan lokaci. Sai an sauke tanki.

Ba ka faɗi shekarar motarka ba, kuma tana da muhimmanci. Tun 1997, da Alfa Romeo 156 ta fito da tsarin da nozul duka suke sha daga bututu guda mai matsanancin matsi, injinan dizal suka sauya hali. Hilux masu tambarin D-4D irin wannan tsarin ne. Matsin da ke cikin bututun yana iya haura bar 1,500, a sababbi ma ya wuce 2,000, filtarsu kuma tana tace abin da bai wuce maikiron 2 zuwa 5 ba. Dabaru biyu da muka saba da su a tsofaffin injina ba su halatta a nan. Na farko, cika sabuwar filta da dizal daga galan kafin a ɗaura, domin man da ka zuba ta tsakiya ya tsallake takardar, kai tsaye zai tafi famfo da duk abin da ke cikinsa. Ka ɗaura ta a bushe ka cika da famfon hannu. Na biyu, sassauta bututun nozul don fitar da iska inji yana juyawa. A wannan matsin siririn feshin dizal yana huda fata ya shige nama, raunin a ido kamar tsinin allura, amma aikin tiyata ne na gaggawa. In bayan ka sauya filta motar ta ƙi tashi, ka koma kan famfon hannu, ka duba ko robar bakin filtar ta zauna daidai, domin mafi yawan lokuta ta nan iska take shiga.